Ta Cire Hotunanta Don Mun Ce Za Mu Zo

Madam Tineke ta rasu.

Da safen nan labarin ya same ni, ina tsaye a tashar tram, jirgin nan na cikin gari, zan tafi aiki. Maƙwabcinta ne ya kira, wani tsohon direban bas da ƙofarsa ke kallon tata. Ya ce lambata ya gani manne a jikin firij ɗinta. Labulenta ne bai ɗaga ba har rana ta yi, ya buga ƙofa shiru, aka zo aka buɗe, aka same ta a kan kujera, rediyo na ta magana shi kaɗai.

Tram ya zo ya tafi ban shiga ba.

A da akwai ma'aikaciyar da ke bin ƙofofin tsofaffin ginin nan kowace safiya tana ƙwanƙwasawa. Aka ce babu kuɗi, aka sallame ta, aka rataya wa kowa jar igiya a bango, wai in ka ji za ka mutu sai ka ja. Ban san wanda ya zauna ya yi wannan tunanin ba, amma ina masa fatan tsufa.

Da yawanku ba ku san sunan ba. Amma in na ce Baturiyar bikin Rahma, kowa a Birmingham zai gane. To ita ce.

Bari in fara da abin da nake nema, don na san wasunmu ba sa kai ƙarshen rubutu. 'Yar ƙanenta, Marleen, za ta sauka daga Holan ranar Alhamis. Ita ce kawai ta rage mata a dangi. Za ta shiga flat ɗin Madam a nan Salford, gefen Manchester, ita kaɗai, ta zauna cikin kayan mamaciya, ta ɗaure su a kwali, don masu gidan sun fara tambayar makulli. Ina so mu je mu zauna da ita. Zaman makoki, irin wanda muka iya. Dalilin da ya sa na ce mu, ban ce ni ba, shi zan faɗa yanzu, kuma babu daɗin faɗa.

Ranar da na fara ganinta masifa nake yi.

Lokacin na bar jami'a ke nan, ina aikin ɗaukar kaya a wani sito, kuma duk sa'ar da ba ni da shift ina ƙaramin laburaren unguwarmu. Can nake karatuna, wanda babu mai ba ni takarda a kansa. Sai council, hukumar garin, ta turo wani yaro da nakatayi ya yi mana bayanin cewa za a rage ranakun buɗewa, za a sallami ma'aikata, in muna son laburaren to mu riƙe shi da kanmu. Na miƙe na wanke shi tas. Na yi ta yi har muryata ta dishe, na ƙarasa da tari.

Ana tashi, wata doguwar tsohuwa mai gajeren farin gashi, sanye da kwat irin ta maza, ta tare ni a ƙofa. Ba sallama ba komai ta ɗan bugi cikina da bayan hannu.

"Gaskiya ka faɗa," in ji ta, "amma da maƙogwaro ka faɗe ta. Shi ya sa ta mutu kafin ta kai bayan ɗaki."

Na ce, "Ke kuma wace ce?"

Ta ce, "Wadda ta zauna a baya tana ta ƙoƙarin jin ka. Daga nan numfashi yake fitowa, daga ciki. In za ka yi fushi, ka koyi yadda ake yin sa."

Da a Kano ne sai in ce kaka ce, wasan jika take yi. A nan kuwa na rasa inda zan ajiye ta.

Ita ce ta fara rubuta sunanta cikin waɗanda za su riƙe laburaren kyauta.

Ba ta taɓa tambayata me na karanta, ko me ya sa ban ƙarasa ba. Ku da kuka san yadda ake gabatar da mutum a taronmu, wannan Dokta ne, wannan Injiniya ne, wannan kuma ɗan Hajiya Binta ne, yana nan dai, za ku gane abin da hakan yake nufi a wurina.

Tambayarta ɗaya ce kullum: "Me ka karanta jiya, kuma me ya ba ka haushi a ciki?"

In sabon littafi ya shigo da ta san zan so, sai ta ɓoye shi a ƙarƙashin tebur har in zo. In na dawo da shi na ce marubucin jaki ne, sai ta ce, "Yiwuwa ne. A wane shafi ya zama jaki?" In ban iya nunawa ba, sai ta mayar mini da littafin.

Turawan wurin aiki Naz suke ce mini. Ita kuwa sai da ta sa na maimaita mata Nasiru har ta kama shi daidai. Ta ce sunan mutum ba wando ba ne da za a rage masa tsawo.

Lokacin sanyi takan zo da wata miyar koren wake mai kauri a fulas. Ta ce asali da naman alade ake yin ta, ta cire saboda ni, don haka ni na lalata mata miya, dole in shanye.

Da azumi ta daina cin burodinta a kan tebur. Na ce mata ai ba dole ba ne. Ta ce, "Na sani. Da dole ne da ban yi ba."

Mun daɗe tare kafin in tambaye ta aikin da ta yi a rayuwa.

Ta ce, "Mutuwa."

Na ce ban gane ba.

Ta ce, "Na mutu a Jamus, na mutu a Faransa, na mutu a nan Ingila. Tarin fuka ya kashe ni, kishi ya kashe ni, an soke ni da wuƙa, na faɗo daga kan gini. In an rufe labule sai in tashi in je in nemi abinci."

Mawaƙiyar opera ce. Ga wanda bai sani ba, wasan kwaikwayo ne da ba a magana a cikinsa, komai rera shi ake yi, soyayyar da faɗan da mutuwar. Makaɗa cike da rami a gabanka, jama'a cike da gida har sama, kuma babu makirfo. Da ƙirjinka kawai za ka tsallake duk kiɗan nan ka isa kunnen na can ƙarshe. Ita irin muryarta soprano ake ce mata, wato mafi sama a muryoyin mata.

A wani ƙauyen bakin teku aka haife ta, a arewacin Holan, lokacin da yunwar yaƙin duniya ba ta gama sakin mutane ba. Mahaifinta mai gyaran keke ne. A cocin ƙauyen wani malami ya ji ta cikin yara, ya bi ta har gida. Mahaifin ya ce waƙa ba sana'a ba ce. Na yi dariya da ta faɗi haka, na ce ashe babanki Bakano ne.

Ta tafi Amsterdam ta yi karatun waƙa, tana wanke kwanuka a otal. Daga nan ta faɗa ƙananan gidajen wasa na Jamus, inda ta ce yau ke baiwa ce, gobe sarauniya, jibi yaro, kuma albashin duk ɗaya. Sannu a hankali manyan gidaje suka fara kiran ta. Ta rera da Italiyanci, da Jamusanci, da Faransanci. Ta ce harshenta na gado ne kawai babu wanda ya taɓa biyan ta ta rera da shi.

Yawon wasa ya kawo ta Ingila, ta haɗu da wani mai goge irin nasu ɗan Manchester, suka yi aure. Ba ta haihu ba. Abin da ta ce kawai a kan wannan shi ne, "An ce in zaɓa, na zaɓa."

Tana tsakiyar ƙarfinta wani ƙari ya fito mata a maƙogwaro. Aka yi aiki, aka cire, saman muryar ya tafi tare da shi. Ta koma koyarwa. Mijin ya rasu. Gida ya yi mata girma, ta koma ginin tsofaffi.

Ba ta faɗi ko ɗaya daga cikin wannan da neman tausayi ba. Kamar mai karanta jadawalin bas ta faɗa.

Sai bikin ƙanwata Rahma ya taso. Na gayyace ta, don na ga ba ta zuwa ko'ina. Ta ce, "Ba ni da abin da zan ba amarya wanda ba ta da shi. Abu ɗaya nake da shi, shi ma rabi ne ya rage. In iyayenka sun yarda zan rera mata."

Tun da aka yi mata aiki ba ta ƙara tsayawa gaban jama'a ba.

Wata tsohuwar waƙar ƙauyensu ta zaɓa, wadda uwa ke yi wa 'yarta in za ta bar gida. Ta yi watanni tana shiri. In an rufe laburare ina jera kujeru, sai in ji ta a tsakanin kantocin littattafai tana hawa tana sauka, ta tsaya, ta zagi kanta da yarensu, ta sake.

Ranar biki ta hau jirgin ƙasa ita kaɗai zuwa Birmingham. Ta iso hall ɗin nan na Perry Barr tun ba a gama jera tebura ba, don an rubuta lokaci a kati kuma ita ta yarda da kati. Ta saka doguwar riga koriya, ta ɗaura ɗankwalin ankon da Rahma ta aika mata, a karkace.

Aka ce ai mawaƙiya ce, sai aka kai ta teburin bakin ƙofa, wurin DJ da mai hoto.

Da lokacinta ya yi, MC ya ce, "To jama'a, yau har Turawa muka ɗauko. Madam, bisimilla." Ya miƙa mata makirfo, ta ɗaga hannu alamar a'a. Ta tsaya a tsakiyar fili, ta haɗa hannuwa, ta jira.

A wurinsu mawaƙi ba ya farawa sai an yi tsit, har tari haɗiye shi ake yi. A wurinmu mawaƙi shi ke farawa, ya yi ta bugawa a kan surutu har ya ci ƙarfinsa. Tana jiran mu, muna jiran ta. Cokula na ƙara, yara na guje-guje, ana ta miƙon shinkafa.

Na ji wata a bayana ta ce, "Ko ta manta ne?"

Ta kusa da ita ta ce, "Manta me? Liƙi take jira."

Sai Kawu Dokta, yayan Umma, ya miƙe ya gyara babbar riga, ya taka har gabanta ya fara manna mata kuɗi a goshi. Wallahi karramawa yake nufi. Aka sa tafi da dariya, wayoyi suka tashi sama.

Ko ƙifta ido ba ta yi ba. Takardar ta zame ta faɗi. Ta ja numfashi, na ga cikin rigar ya buɗe, ta fara.

Muryar ta fito siririya kamar zare. Teburan kusa suka yi shiru, na bayansu suka bi. Ba wanda ya san me take cewa, amma na ga Rahma ta sunkuyar da kai. Waƙar ta yi ta hawa, ta yi ta hawa, ta kai wurin nan da take tsayawa ta zagi kanta a laburare.

Nan muryar ta tsage.

Wasu yara suka ƙyalƙyale. DJ ya kai hannu zai saki kiɗa.

Sai Umma ta miƙe daga babban tebur, ta kama hanci, ta rangaɗa guɗa. Doguwa, irin wadda rabon da in ji ta tun muna gida. Mata suka karɓa. A ƙarƙashin guɗar nan Madam Tineke ta sami numfashinta, ta sauko da waƙar a hankali ta ajiye ta.

A waje na same ta tana shan iska. Na fara ba ta haƙuri, ina zagin kowa tun daga MC har Kawu.

Ta ce, "Rufe mini baki, Nasiru. An taɓa jifa na da abin da ya fi kuɗi ciwo. Wace ce matar nan?"

Na ce mahaifiyata ce.

Ta ce, "Inda tawa ta tsaya nan tata ta fara. Kai ni wurinta."

Na kai ta. Umma ta kama hannuwanta biyu. Ta ce sunan ya yi mata nauyi a baki, ita Tine za ta riƙa ce mata. Suka yi ta dariya kamar sun san juna tun suna 'yan mata. Da za su rabu Umma ta ce, "Tine, kin gama mana komai. Sai mun zo har gida mun yi miki godiya."

Madam ta ce, "Yaushe?"

Umma ta kalle ni, ta yi murmushi. Ba a taɓa yi mata wannan tambayar ba. Ta ce, "Bayan Sallah, in Allah Ya yarda."

Duk wanda ke karanta wannan ya san abin da Umma ta faɗa. Ba ƙarya ta yi ba. Gaisuwa ta yi.

Ita kuwa Madam magana ta ji.

Azumi bai kai rabi ba ta fara yi mini tambayoyi. Mutum nawa za su zo? Mata da maza wuri ɗaya suke zama? Mahaifiyarka na shan madara a shayi? Ta hau bas har Cheetham Hill ta nemo mahauci Musulmi. Ta ari kujeru wurin direban bas. Washegarin Sallah ta gasa kek ɗin tufa, ta kira ni ta ce, "Yau ne ko gobe?"

Na kira Umma. Umma ta ce tana da shift a asibiti, a gaishe ta da kyau.

Babbar Sallah ta zo, aka ce motar Kawu na gareji. Wata shekarar ta zagayo, aka ce Manchester da nisa. Manchester ɗin da ake cika motoci a zo duk sanda matar wani Dokta ta haihu. Har suna aka zo a nan Salford, tafiyar da ba ta kai a kira ta tafiya ba zuwa ƙofarta, aka ci aka sha aka kama hanyar Birmingham.

A wurin sunan nan ne na tuna musu. Kawu ya ajiye cokali ya ce, "Kai Nasiru, Hajiya guda za ta kwashi jiki ta je gidan mawaƙiya? Ai an sallame ta a wurin biki. Zabiya zabiya ce, ko da wane yare take yi."

Umma ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba. Ta gyara mayafi.

Ba Kawu kaɗai ba ne, kada wani ya ɗora masa. Shi dai ya faɗa da baki ne. Mu ne muke saka waƙa a mota tun daga Birmingham har London, mu yi kuka da ita, amma wanda ya rera ta mu ajiye shi a bakin ƙofa.

Makon jiya na gan ta na ƙarshe.

Laburaren an rufe shi gaba ɗaya tun bara, duk da wahalar da suka sha. Bayan nan a wani shagon shayi muke haɗuwa. Da ƙafarta ta kumbura ta daina fita, sai ta ce in zo gida. Shigata ta farko ke nan.

Na tarar da carer, mai zuwa kula da ita, tana fita da gudu, ko kwat ba ta cire ba tun shigarta, wai akwai wasu tsofaffin na jira. Madam na zaune da ƙafa a kan matashi.

Bangon falon babu komai sai ƙusoshi. Ƙarƙashin kowace ƙusa fenti ya fi haske, murabba'i murabba'i, manya da ƙanana.

Na ce, "Me ke nan a da?"

Ta nuna bayan kujera da haɓa. Na leƙa. Hotuna ne cikin gilashi, an jingine su fuska na kallon bango. Na fara juyo su. Ga ta da kambi a ka. Ga ta durƙushe da wuƙa a hannu. Ga ta cikin farar riga baki buɗe, makaɗa a ƙasanta, jama'a hawa hawa har rufi. Yarinya ce, kyakkyawa, da ƙarfinta. Rayuwarta ce gaba ɗaya a bayan kujera tana shan ƙura.

Na ce, "Me ya sa kika sauke su?"

Ta ce, "Rigunan wasa ne, kafaɗu a waje, wasu ma fiye da kafaɗu. Mahaifiyarka mace ce mai lulluɓi. Ba na so ta shigo gidana ta rasa inda za ta sa idonta."

Tun wancan azumin ta cire su.

Na zauna. Can na ce, "Madam, akwai abin da ya kamata ki sani. A wurinmu in mutum ya ce sai mun zo, ba lallai yana nufin zai zo ba. Hanyar rabuwa ce da mutunci. Kamar a ce mun ji daɗinki."

Ta kalle ni ta saman tabarau.

Ta ce, "Na fara zargin haka tun kek na biyu. To in da gaske za ku zo, me kuke cewa?"

Na yi tunani. Na ce, "Ba ma cewa komai. Sai dai kawai ki ji sallama."

Ta ce, "Ka gani. Shi ya sa ba zan mayar da su ba."

Na ce bari in rataye ko guda ɗaya. Ta ce in ajiye mata kayanta yadda na gan su, kuma in sa ruwan shayi tun da na zo na tsaya mata a ka.

Muka sha shayi. Ta tambaye ni me na karanta, me ya ba ni haushi. Ta tambayi Rahma da jaririnta. Ta ce, "Mahaifiyarka har yanzu tana yin abin nan da hanci?" Ta gwada, ya fito kamar kukan agwagwa, ta yi dariya har da tari.

A bakin ƙofa, don sabo, na ce, "To Madam, sai na dawo."

Ta ce, "Wannan gaisuwa ce ko magana?"

Na ce magana ce.

"Ranar me?"

Na ce Laraba.

Laraba jibi ce.

Ɗazu na sa sanarwar rasuwar a group ɗinmu. Kafin in ajiye waya wani ya lalubo tsohon bidiyon biki ya turo, daidai wurin liƙin, da fuskokin dariya a ƙasa. Wani ya ce a kula, ba Musulma ba ce, kada a ce Allah Ya ji ƙanta. Wani ya turo dogon bayani a kan hukuncin kiɗa. Wannan ɗin na gan shi da idona yana rawa a bikin.

Ba wanda ya tambayi ko tana da kowa.

Ban nemi fatawa ba, malamai. Na san iyakata, kuma ba zan tsallake ta ba. Tambayata ita ce, a wane littafi aka hana gaishe da maƙwabci in an yi masa mutuwa? Mace ta fito da abu na ƙarshe da ya rage mata ta ba 'yarmu a gaban jama'a, muka yi mata alkawari muna riƙe da hannunta, muka bar ta da bango tsirara. In wannan bai ba mu kunya ba, ban san abin da zai ba mu ba.

Na rubuta amsa mai zafi, na goge. Na kira Umma.

Ta riga ta gani. Ta ce, "Allah sarki Tine. Mutuniyar kirki."

Na ce, "Umma, akwai abin da ban gaya miki ba." Na ba ta labarin bangon.



Ta ce, "Saboda ni?"

Na ce e.

Ta ce, "Ni da nake wanke tsofaffi a asibiti kullum, kafaɗa ce za ta ba ni kunya?" Muryarta ta canza. Na ji ta ja hanci. Ta ce, "Wallahi na so zuwa, Nasiru. Kullum sai in ce sai an natsu."



Ta ce, "Yarinyar yaushe za ta iso?"

Na ce Alhamis da safe.

Ta ce, "Ka tambaye ta abin da ba ta ci. Ka ce mata Alhamis bayan azahar ina tafe, ni da Rahma. Ka faɗa mata ranar, ka faɗa mata lokacin."

Na ce, "Kawu fa?"

Ta ce, "Ban tambaye shi ba."

To haka ake ciki. Alhamis bayan azahar, a Salford. Wanda zai zo ya yi mini magana ta inbox in ba shi kwatance. Ba a buƙatar komai sai jikinka, in da hali da kular abinci, da hannun ɗaukar kwali. Wanda ba zai zo ba ya yi shirunsa, babu laifi. Amma don girman Allah kada wanda ya rubuta mini sai mun zo a ƙasan rubutun nan.

Ya Allah, Kai Ka halicce ta, Kai Ka ba ta muryar, Kai Ka karɓe, yanzu ita ma ta koma gare Ka. Al'amarinta na hannunKa, kuma ba Ka zaluntar kowa. Ka san miyar da ta ba ni da littattafan da ta ɓoye mini, Ka san abin da ban sani ba. Ka sanyaya zuciyar Marleen, kada Ka bar ta ita kaɗai a ɗakin nan. Ka duba tsofaffin da ke zaune bayan ƙofofi babu mai ƙwanƙwasawa. Mu kuma Ka yafe mana alkawuran da muka yi da baki ba mu kai ƙafa ba, Ka sa mu cika na waɗanda suke raye tun suna jin sallama.

Duk wanda ya karanto har nan, ina roƙon sa ya ce amin, ya kuma ƙara da tasa.